Karen Azawak: Tambayoyi da Amsoshi Kan Zaɓensa da Kiwonsa

Azawak kare ne na Sahel, siriri mai dogayen ƙafafu, wanda Buzaye da Fulani makiyaya ke kiwo don gadin zango da farauta. A Turai da Amurka yana cikin karnukan da suka fi ƙaranci, a garuruwanmu kuwa mutane da yawa sun taɓa ganinsa ba su san shi ba ne. Akasarin wahalar da wannan kare ke sha a hannun sababbin masu shi daga abu guda take fitowa: ana riƙonsa kamar karen gadin Turawa, alhali jikinsa da halinsa daban suke. Ga tambayoyin da aka fi yi a kansa.

Daga ina ya fito, kuma yaya ake gane shi?

Sunansa daga kwarin Azawak ne, busasshen kwarin nan da ya ratsa arewacin jihar Tawa a Nijar, wajejen Abalak da Cintabaraden, ya shiga yankin Menaka a Mali. Daga nan ne shanun Azawak ma suka samo suna. Akwai shi kuma a arewacin Burkina Faso. Buzaye suna kiransa idi ko oska.

Namiji yana kai santimita 64 zuwa 74 daga ƙasa zuwa doron kafaɗa, nauyinsa kilo 20 zuwa 25. Macen santimita 60 zuwa 70 ce, kilo 15 zuwa 20. Babbar alamarsa ita ce tsayinsa ya fi tsawon gangar jikinsa, kamar goma bisa tara. Ƙirjinsa mai zurfi ne, cikinsa a tsuke sama, ƙashin ƙugunsa ya fito fili kuma ya kai doron kafaɗa ko ya ɗara shi kaɗan. Kunnuwa a kwance, wutsiya siririya mai ɗan lanƙwasa a ƙarshe, gashi gajere ƙwarai har ciki ya zama kusan fata zalla. Idan yana sassarfa sai ka ga kamar ba ya taka ƙasa, kuma idan ya buɗe gudu yana kai wajen kilomita 60 a awa.

An fara kai shi Turai a farkon shekarun 1970, zuwa Yugoslabiya da Faransa. Ƙungiyar karnuka ta duniya, FCI, ta ba shi lamba 307, Faransa ce kuma ke riƙe da ƙa'idar siffarsa. Ƙungiyar AKC ta Amurka ba ta karɓe shi cikakken karɓa ba sai a 2019.

Shi ne Sulugi ko Saluki?

A'a. Dukkansu karnuka ne masu farauta da ido da gudu, ba da sansane ba, amma Sulugi na Arewacin Afirka ne, Maroko da Aljeriya da Tunisiya da Libiya, Saluki kuma na Gabas ta Tsakiya. Azawak ya fi su tsayin ƙafa idan aka gwada da jiki, ya fi su bushewar tsoka, kuma ya fi su tsare gida. Shi mai gadi ne da farko, farauta na biye.

Ya dace da gidan kowa?

Bai dace ba, kuma gara a ji wannan kafin a biya kuɗi. Azawak yana manne wa mutum ɗaya ko gida ɗaya, baƙo kuwa ba ruwansa da shi. Zai tsaya nesa yana kallo, ya yi haushi, ya ƙi a taɓa shi. Idan aka matsa masa ya rasa hanyar ja da baya, yana iya cizo. Gidan da yara maƙwabta ke shige da fice daga safe har dare, ko gidan haya mai tsakar gida ɗaya, zai zame masa wurin fargaba kullum.

Bai dace da wanda zai ɗaure shi da sarƙa a bakin ƙofa ba, ko wanda zai kulle shi a keji sai dare a sake shi. Bai dace da mai yawan tafiya da zai riƙa barinsa hannun mai gadi yau, hannun ɗan aike gobe ba. Sauya masa gida bayan ya girma yana yi masa wuya fiye da yawancin karnuka, ga shi yana rayuwa shekara 12 zuwa 15. Kowa ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa: wanda yake son kare mai yi wa kowa fara'a ya nemi wani iri.

Wanda ya dace da shi shi ne mai fili ko gona ko garke, mai lokacin fita da shi kullum, mai haƙuri, wanda ba ya horo da bulala.

Me addini ya ce game da ajiye shi da sayensa?

Hadisi ya yi rangwamen ajiye kare don farauta da kiwo da gadin shuka, kuma aya ta 4 ta Suratul Ma'ida ta halatta abin da horarriyar dabbar farauta ta kamo. A mazhabar Malikiyya kare mai rai ba najasa ba ne, wanke ƙwaryar da ya yi lallagi a ciki sau bakwai bin umarni ne. Batun sayarwa ne ke da saɓani: akwai hani a kan kuɗin kare, mafi shahara a mazhabar shi ne hanawa, amma Sahnunu, ɗaya daga cikin manyan malaman mazhabar, ya halatta sayar da wanda aka yi izinin ajiyewa. Gadin gida a cikin gari ma malamai sun yi magana a kansa ta fuska biyu. Mai niyya ya zauna da malaminsa ya faɗa masa ainihin dalilin da zai sa ya ajiye karen.

A ina ake samun na gaskiya?

Hanya biyu ce. Ta farko daga hannun makiyaya ko mafarautan da suka samo daga wurinsu. Irin wannan kare ba shi da takarda, amma sau da yawa jininsa ya fi na Turai faɗi, domin na Turai daga tsirarun karnuka aka hayayyafa su. Matsalar ita ce yankunan Menaka da Tilliya ta Nijar da kan iyakar Nijar, Mali da Burkina Faso suna fama da rashin tsaro, ba wurin da za a tafi neman kare ba ne. Sannan a kusa da garuruwa ya gauraya da karnukan gari, don haka sai an ga uwar da ido.

Ta biyu daga masu kiwo masu rajista a Faransa, Jamus, Amurka da makamantansu. A nan za ka iya jiran shekara kafin a samu haihuwa, kuma mai kiwo na ƙwarai zai yi maka tambayoyi fiye da yadda za ka yi masa.

Ƙarancin kare shi ke jawo 'yan damfara. Ka yi hattara da wanda yake da 'yan kwikwiyo a kowane wata, alhali karyar Azawak yawanci sau ɗaya take juna biyu a shekara. Haka wanda ya ƙi nuna uwar kai tsaye ta kiran bidiyo, ko wanda yake gaggauta ka tura kafin alƙalami, ko wanda bayan ka biya ya ɓullo da kuɗin keji da kuɗin inshora. Takardar asali kuma ana tabbatar da ita ne wurin ƙungiyar da ta bayar, ta hanyar lambar rajista, ba ta hoton da aka turo a WhatsApp ba.

Kada launi ya ruɗe ka. Ƙa'idar FCI ta taƙaita ne ga ruwan yashi zuwa ja mai duhu, da mai ratsin baƙi, da fari a ƙafafu da ƙirji da bakin wutsiya. AKC ta karɓi kowane launi, domin a jeji ana samun launuka fiye da haka. Ƙara kuɗi saboda wai launin ba a cika samunsa ba ciniki ne kawai.

Me zan duba a jikin ɗan kwikwiyo kafin in ɗauka?

Kada a raba shi da uwarsa kafin mako takwas. Wurin uwa da 'yan'uwa yake koyon sassauta cizo, wanda aka cire da wuri kan tashi da tsoro da saurin kai baki.

Fara da uwar. Idan ta tsaya nesa tana nazarinka cikin natsuwa, halin irin ne. Idan tana makyarkyata tana ɓuya, ko tana kai hari ba dalili, 'ya'yanta na iya gado. Sannan ka zauna ƙasa ka bar 'yan kwikwiyon su zo da kansu. Ka zaɓi wanda ya ɗan yi jim sannan ya matso ya sansana. Wanda ya maƙale a lungu zai ba ka aiki mai yawa, ko da shi ne ya fi kyau.

Daga nan ka ɗaga leɓensa: dasashi ya zama ja-ja mai damshi, fari yana nuna ƙarancin jini daga tsutsa ko kaska. Haƙoran sama su rufa kan na ƙasa kaɗan. Ido da hanci babu ruwa mai kauri. Ka duba cikin kunne da tsakanin yatsu saboda kaska. Ka shafa cibiya, kumburi mai laushi a nan ƙaba ce. Ciki tulu guda a kan jiki ramamme alamar tsutsa ce. Faci-facin da gashi ya zube a fuska ko ƙafafun gaba na iya zama ƙazuwa. Ka duba ƙarƙashin wutsiya ko akwai alamar zawo. Namiji ya kasance 'ya'yan marainansa biyu sun sauko, ko likita ya tabbatar suna hanya.

Tambaya mafi muhimmanci ba a jikinsa take ba: shin akwai mai farfaɗiya a iyaye, kakanni ko 'yan'uwan haihuwar baya? Mai kiwon da ya ce shi irinsa ba su da wata cuta ko kaɗan, ko bai sani ba ne ko yana ɓoyewa. A cikin kwana biyu ko uku da ɗauka ka kai shi wurin likitan dabbobi, kuma ku yi yarjejeniya tun farko cewa idan an ga babbar matsala za a mayar.

Mutane suna cewa yunwa nake bar masa. Ramar ta yi daidai?

Ta yi daidai. A jikin Azawak mai lafiya ana ganin haƙarƙari uku zuwa biyar da kan ƙashin ƙugu. Fatarsa siririya ce, kitsensa kaɗan ne, haka aka halicce shi. Wanda aka ɗura wa abinci har haƙarƙarin suka ɓace ya yi ƙiba, kuma nauyin yana sauka ne a kan siraran ƙafafun da ba a yi su don ɗaukar kaya ba.

Ramar cuta daban take: cinyoyi su zube, ƙashin baya ya fito tsini-tsini tun daga wuya, gashi ya dushe, karen ya daina son gudu. Ka auna shi sau ɗaya a wata. Ka hau sikeli ɗauke da shi, ka sauke shi ka sake hawa, ka cire bambancin. Idan babban kare ya rasa kilo biyu ba tare da an sauya masa abinci ba, a duba kashinsa da jininsa.

Me zai ci, kuma nawa?

A zango abincinsa gero ne da nono, sai nama idan farauta ta yi kyau. Wannan ya sa cikinsa ya saba da hatsi, amma ba hujja ba ce ta ciyar da shi tuwo zalla. Babban kare mai kilo 20 yana buƙatar kalori 1,000 zuwa 1,100 a rana idan aikinsa matsakaici ne. A busasshen abincin kanti wannan wajen giram 300 ne, a raba biyu, safe da yamma. Mai farauta ko mai shayarwa sai an ƙara.

Mai dafawa a gida zai iya bin wannan awo na yini guda: giram 400 na dafaffen gero ko shinkafa, giram 200 zuwa 250 na dafaffen nama ko kifi marar ƙaya, ƙwai ɗaya, giram 100 na kabewa ko karas, cokali ɗaya na mai. Hanta kaɗan sau ɗaya ko biyu a mako. Abin da ake mantawa shi ne sinadarin ƙashi, domin hatsi da nama ba su da isasshe. A wanke ɓawon ƙwai, a busar, a daka ya yi laushi, a zuba rabin ƙaramin cokali kullum. Kindirmo ya fi ɗanyar madara zama a cikinsa.

Ɗan kwikwiyo ya fi aminci a kan haɗaɗɗen abincin kanti na ƙanana, domin kuskuren awo a lokacin girma shi ke kawo gwame da lanƙwasar ƙafa. Sau huɗu a rana har wata uku, sau uku har wata shida, daga nan sau biyu. Idan za a sauya abinci a yi cikin mako guda, ana ƙara sabon ana rage tsohon.

Ruwa mililita 50 zuwa 60 kan kowane kilo a rana, wato sama da lita ɗaya, a lokacin bazara kuma har ninki biyu.

Kada a ba shi albasa da tafarnuwa, suna fasa ƙwayoyin jininsa, wanda ke nufin ragowar miyar gida ba abincinsa ba ce. Inabi da zabibi suna lalata ƙoda. Cakulan da goro suna da sinadarin da ke hargitsa bugun zuciyarsa. Dafaffen ƙashi, musamman na kaza, yana tsagewa ya huda hanji.

Waɗanne allurai ne dole?

Allurar haɗaka mai kare shi daga farbo (cutar amai da zawon jini) da distemfa (zazzaɓi mai taɓa numfashi da ƙwaƙwalwa) da ciwon hanta da sauransu ana fara ta a mako 6 zuwa 8, a maimaita duk bayan mako uku ko huɗu, ta ƙarshe ta faɗo a mako 16 ko bayansa. Dalilin maimaitawar shi ne kariyar da ya sha a nonon uwa tana kashe ƙarfin allurar farko, ba a kuma san ranar da za ta gushe ba. Wanda ya tsaya a allura ɗaya bai yi komai ba. Allurar haukan kare a wata uku, sannan a sabunta duk shekara. Cibiyar binciken cututtukan dabbobi ta Vom a jihar Filato tana cikin masu yin ta.

Allurar da ta yi zafi a hanya ruwa ce kawai. Ka ga an ciro ta daga firji ko akwatin ƙanƙara, ka duba ranar ƙarewar aikinta, a manna takardar kwalbar a katinsa.

Farbo ce ta fi kashe 'yan kwikwiyo: amai, zawon jini mai ɗoyi, mutuwar jiki. Ƙwayarta tana zama a ƙasa watanni. Idan ta taɓa shiga gida a wanke daɓe da bilic, kashi ɗaya cikin ruwa kashi talatin, a bar shi minti goma kafin a ɗauraye.

Maganin tsutsar ciki duk mako biyu har wata uku, duk wata har wata shida, daga nan duk wata uku.

Idan kare ya ciji mutum, a wanke wurin da sabulu da ruwa mai gudana minti 15, a tafi asibiti a ranar, a killace karen kwana goma ana lura da shi.

Kaska fa?

Ita ce babbar abokiyar gabarsa a gari. Jar kaskar kare tana hayayyafa a tsagar bango da ƙarƙashin daɓe, don haka wanke kare kaɗai ba ya raba shi da ita, sai an yi feshin makwancinsa an toshe tsagogin. Tana ɗauke da cututtukan jini iri biyu da aka fi gani. Alamunsu zazzaɓi sama da digiri 39.5, farin dasashi, ƙin abinci, fitsari mai duhu, wani lokaci haɓo. Sai gwajin jini ke raba su, kuma maganinsu ba ɗaya ba ne. Ɗaya tana jin doksisaikilin na kwana 28 cur, tsayar da shi don kare ya warware shi ke dawo da ita. Ɗayar ana yi mata allurar Berenil, wadda makiyaya suka sani a shanu, amma a kare tazarar da ke tsakanin magani da guba ƙanƙanuwa ce. Ƙarin awo kaɗan ko maimaita ta da wuri yana taɓa ƙwaƙwalwa ya kashe. Likita kaɗai zai yi ta, bayan ya auna nauyi.

Ƙwayoyin tauna na kashe kaska irin su Bravecto da NexGard da Simparica suna aiki sosai, sai dai hukumar magunguna ta Amurka ta yi gargaɗi a 2018 cewa suna iya tayar da farfaɗiya a wasu karnuka. Tunda Azawak na da wannan cuta a jininsa, a gaya wa likita tarihin danginsa kafin a ba shi. Maganin feshin gona da baƙin mai kada a sa su a jikin kare.

Da damina akwai ƙudan da ke yin ƙwai a yashi mai fitsari a inuwa, tsutsarsa ta shige fata ta yi maruru mai ɗan rami a tsakiya. A shafa basilin ya toshe mata iska, bayan ɗan lokaci a matse a hankali ta fito gaba ɗaya, a wanke ramin.

Waɗanne cututtuka yake gado?

Gaba ɗaya kare ne mai ƙarfi, ciwon gaɓar ƙugu da ke damun manyan karnukan Turai bai cika kama shi ba. Farfaɗiya ce kan gaba, yawanci tana bayyana tsakanin wata shida da shekara shida. Idan ta tashi a kawar da abin da zai buge, kada a sa hannu a bakinsa, a duba agogo. Ta wuce minti biyar, ko ta maimaita a yini ɗaya, a garzaya asibiti. Maganinta na har abada ne kuma ba a yanke shi farat ɗaya.

Akwai raunin ƙwayar maƙogwaro ta tayirod, mai kawo kasala da zubar gashi. A nan a lura: karnuka masu farauta da ido awonsu na sinadarin da wannan ƙwaya ke fitarwa ƙasa yake da na sauran karnuka ko suna lafiya, jininsu kuma ya fi kauri. Likitan da ya gwada da awon kare na gama-gari zai iya ɗora lafiyayye a kan magani. Akwai kuma cutar da jiki ke yaƙar tsokar muƙamuƙinsa har ya kasa buɗe baki, da matsewar lakar wuya mai sa ƙafafun baya tangaɗi.

Ana maganar murɗewar ciki. Mene ne?

Tumbi ne ke cika da iska ya juya ya shaƙe kansa, kuma karnuka masu zurfin ƙirji sun fi fuskantarsa. Karen zai riƙa yunƙurin amai babu abin da ke fita, yawu na dalala, ciki ya kumbura ya yi tauri, ya kasa zama ya kasa kwanciya. Awoyi kaɗan ne tsakaninsa da mutuwa, maganinsa tiyata. Ba a jiran gari ya waye, ba a ɗura masa mai ko kanwa. Rigakafinsa raba abinci biyu, hana gudu awa ɗaya kafin ci da awa ɗaya ko biyu bayansa, da hana shi kwankwaɗar ruwa da yawa yana haki. Tun kafin ka kawo kare gida ka san asibitin da ke iya wannan aiki da dare.

Akwai abin da zan gaya wa likita kafin a yi masa tiyata?

Akwai. Rashin kitse yana sa tsofaffin magungunan sa barci irin su tayofental su daɗe a jininsa, ya yi jinkirin farfaɗowa. A auna nauyinsa daidai, a zaɓi maganin da ya dace da irinsa, a lulluɓe shi saboda jikinsa na saurin yin sanyi a kan tebur. A gida kuma kada a ba shi maganin ciwon jikin mutane. Ibufurofen da diklofenak suna huda tumbi su lalata ƙoda, farasitamol kuma yana taɓa hanta idan awo ya zarce.

Yaya ake horar da shi?

Abin da ya gani tsakanin mako uku da mako 14 shi zai ɗauka a matsayin duniya. A wannan ɗan lokaci ya ga maza da mata, mai rawani da mai hijabi, yara, babur, janareta, mota, awaki da kaji. Tunda allurarsa ba ta cika ba, a ɗauke shi a hannu ko a mota, kada a sauke shi inda karnukan titi ke yawo. Baƙo ya zauna ya yi kamar bai gan shi ba, ya jefa masa ɗan nama, karen ya zo don kansa. A ci gaba da haka har ya shekara biyu, domin wajen wata takwas zuwa shekara tsoron baƙo kan dawo masa sabo.

Darasi ya zama gajere, minti biyar sau biyu ko uku a rana, da lada nan take. Yana gane abu da wuri amma maimaici yana gundurarsa. Duka ba ya gyara shi. Azawak da aka daka ba ya mantawa, ko dai ya daina zuwa kira ko ya fara kare kansa da haƙori.

Wuyansa ya kusa kai kaurin kansa, abin wuya na gama-gari yana zamewa idan ya ja da baya. A nemi mai faɗi wanda ke ɗan tsukewa idan an ja amma ba ya shaƙewa.

Zai zauna lafiya da awaki da kaji?

Waɗanda ya tashi da su tun yana ƙarami yana ɗaukarsu nasa ne har ya tsare su. Na maƙwabta kuwa, duk abin da ya ruga a gabansa abin kamu ne, kuma idan ya tasar wa abu ba ya jin kira. Katanga ta kai mita 1.8, a duba gindinta domin yana tona rami. Ana sakinsa ne a killataccen fili ko jeji nesa da titi da garken mutane. Babba yana son awa guda na motsa jiki kullum, ciki har da gudu na gaske. Ƙarami kada a sa shi bin keke ko babur sai ya wuce shekara ɗaya da rabi, ƙasusuwansa ba su gama haɗewa ba. Ya fi walwala idan yana da ɗan'uwa kare, amma idan sun yi yawa sukan haɗa kai su taso wa baƙon kare.

Zafi da sanyi?

Yana jure zafin da zai kayar da karen Turai, duk da haka ana fita da shi ne da sassafe ko bayan la'asar, a ba shi inuwa, kuma ba a barinsa a rufaffiyar mota. Ka ɗora bayan hannunka a kan kwalta, idan ba ka iya jurewa ba tafinsa ma ba zai iya ba. Sanyi da ruwan sama ne ba ya so. Da hunturu a ba shi ɗaki marar iska da bargo. Siminti tsirara yana yi masa kanta da gyambo a gwiwa, sai da shimfiɗa mai laushi. Wanka ba ya buƙatarsa sosai, shafa da jiƙaƙƙen tsumma sau ɗaya a mako ya isa, a yanke farce idan ya fara ƙwanƙwasa daɓe. Yanke kunne da ake yi a karkara ba ya ƙara masa ji ko gudu.

Idan zan shigo da shi ko in fita da shi waje?

Jerin aikin yana da muhimmanci. A fara dasa masa 'yar ƙwayar shaida mai lambobi 15 a ƙarƙashin fata, sannan a yi allurar haukan kare. Idan aka juya jerin, allurar ba ta ƙirgu ba. Don shiga Tarayyar Turai daga ƙasashenmu ana ɗibar jini bayan aƙalla kwana 30 da allurar, a gwada a ɗakin gwajin da suka amince da shi, awon kariyar da ke jinin ya kai 0.5 IU/ml, sannan a jira wata uku daga ranar ɗibar jinin. Amurka tun Agustan 2024 ba ta karɓar kare ƙasa da wata shida, kuma tana da ƙarin sharuɗɗa ga ƙasashen da haukan kare ya yi yawa. Shigowa da shi Najeriya yana buƙatar takardar izini daga ofishin likitocin dabbobi na gwamnatin tarayya tun kafin ya taso, da takardar lafiya daga ƙasar da ya baro. Dokokin suna sauyawa, a tambayi ofishin da kamfanin jirgin kafin a yanki tikiti.

Zan iya hayayyafa shi in mayar da kuɗina?

Lissafin ba ya fita yadda ake zato. Karyar sau ɗaya take neman namiji a shekara, na wajen mako uku, cikinta kwana 63 ne, takan haifi huɗu zuwa shida. Bai kamata a haɗa ta ba sai ta cika shekara biyu, jira zuwa uku ma ya fi domin farfaɗiya ta samu lokacin bayyana idan akwai. Namijin da ba danginta ba wuyar samu gare shi, a nan ne mutane ke haɗa wa da ƙanwa ko uba da 'ya, cututtukan da ke ɓoye su fito fili a haihuwa ɗaya. Wanda ya taɓa faɗuwa, ko mai tsananin tsoro, ko wanda ya haifi mai farfaɗiya, a cire shi daga kiwo.

Sai kuɗin abinci da allurai biyu na farko da maganin tsutsa na kowane ɗan kwikwiyo, da aikin saba musu da mutane na mako takwas. Kafin a haɗa su a samu gidaje aƙalla shida da aka je aka ga katangarsu, a kuma tanadi wurin ajiye duk wanda aka dawo da shi. Wanda ba zai yi kiwo ba ya tattauna da likita kan fiɗiya bayan karen ya gama girma, a lokacin da karya ke neman namiji kuma a kulle ta a ɗaki mai rufi na tsawon makonni ukun, domin karnukan unguwa suna haura katanga.